Yadda Na Fita Daga Ramin Epic a Mobile Legends

Kaka uku cur, wato zangon gasa uku, na yi ina lilo tsakanin matakin Epic IV da Epic II. In ci tauraro biyu yau da daddare, gobe in zubar da uku. Duk wanda ya taɓa buga ranki, wato wasan neman hawa mataki, a Mobile Legends, gem ɗin waya da ake karawa mutum biyar da biyar, ya san wannan ramin. Warrior da Elite da Master da Grandmaster kana hamma za ka wuce su, sai ka iso Epic ƙafa ta kafe. Kuma a tsawon watannin nan ko sau ɗaya ban zargi kaina ba. Kullum akwai mai laifi: ko maharbinmu bai san hannunsa ba, ko netwok, ko kuma in ce da gangan ake haɗa ni da marasa kai.

Gyaran waya nake yi a Farm Centre, nan Kano, don haka ba na samun sararin gem sai bayan isha'i. Wani dare ƙanena, ɗan aji biyar a sakandare, wanda tuni ya taka matakin Mythic na can sama da tsohuwar wayar da na yi masa kwancenta, ya zo ya zauna a gefen katifata yana kallo bai ce uffan ba. Aka ci mu. Na fara zazzaga wa mai riƙe da jaruma Layla a tawagarmu ruwan masifa. Sai yaron nan ya ce, "Yaya, in faɗi wata magana ba za ka ji haushi ba?" Na ce faɗi. Ya ce, "Ni ba wayar nake kallo ba, idonka nake kallo. Tun da aka fara har aka tashi sau huɗu ka leƙa taswira. Sau shida ka mutu, kuma biyar daga ciki taswira ta riga ta gaya maka suna tafe." Na ce ya tashi ya je ya kwanta, gobe akwai makaranta. Da ya fita na buɗe maimaicin wasan na ƙirga da kaina. Biyar ɗin ne.

Abin da zan rubuta a nan daga wannan daren ya faro. Ni ba gwani ba ne, har yau yatsuna ba su da saurin na yaran nan. Amma na fita daga Epic, na ratsa Legend, na shiga Mythic, kuma yatsun nan dai su ne ban canza su ba.

Bari in fara da ɓangaren da ya shafi sana'ata, don shi ne mafi sauƙin gyara. Waya idan ta ɗau zafi, ƙwaƙwalwarta da kanta take rage gudu don kada ta lalace, kuma sau da yawa takan yi haka ne daidai lokacin da mutum goma suka haɗu wuri ɗaya kowa na sakin dabararsa. Nan hoto zai fara tsinkewa ka ce netwok ne. Cire wa wayarka riga kafin ka fara. Shiga saiti ka sauke kyan hoto zuwa ƙasa, ka kashe inuwa da sauran kwalliya, ka bar saurin motsin hoto a sama in wayar za ta iya ɗauka. Rufe duk manhajojin da ke buɗe a baya. Kada ka buga waya na jikin caji, musamman da irin cajar nan mai araha, domin tana sa sikirin ya riƙa taɓa kansa, ga shi kuma batiran da nake cirewa a shago sun kumbura kamar fanke, da yawansu na masu wannan ɗabi'ar ne. Yi caji tun da rana, ko ka cika fawa bank ka ɗura kafin ka zauna. A watan Maris da Afrilu, lokacin da gumi ke tsiyaya har a tafin hannu, safar yatsa ko 'yar hoda kaɗan tana hana babban yatsa maƙalewa a gilashi.

Sai 'yar lambar nan da ke kusa da taswira, mai nuna jinkirin netwok. Kore lafiya, rawaya da dama-dama, ja kuwa kada ka ma soma. Mu a nan da wuya mu ga irin ƙaramar lambar da 'yan Indonesiya da Filifin ke wasa da ita, kuma zage-zage ba zai rage ta ba. Abin yi shi ne ka buga Classic, wasan da ba ya taɓa taurarinka, guda ɗaya tukuna ka ga yadda daren yake. In ka ga jaruminka na tafiya yana dawowa da baya kamar an ja shi da igiya, ajiye ranki sai gobe. Akwai kuma maɓalli a saitin netwok da ke haɗa wayfay da data su yi aiki tare, in kana da duka biyun kunna shi. Abu na ƙarshe a nan, kiran waya. A layuka da yawa, kira na shigowa data take yankewa. Ni kwastoma ba ya duba agogo, ƙarfe goma sha ɗaya na dare zai kira ya ji ko wayarsa ta gyaru. Sai da na zubar da taurari masu yawa kafin na koma bugawa a wayar da ba layi a cikinta, ina jan data daga ɗayar.

Wannan jinkirin shi ya kamata ya zaɓa maka jarumi, ba bidiyon TikTok ba. Fanny da Ling da Gusion suna da daɗin kallo, amma kowannensu yana buƙatar ka danna abu uku ko huɗu a jere cikin ƙiftawar ido, kuma a lokacin da ya dace. In umarninka na isa a makare, igiyar Fanny bango za ta kai ka ka tsaya a gaban mutum biyar ba kuzari. Na ɓata kaka guda a kan Gusion saboda girman kai. Da na haƙura na koma Tigreal da Hylos da Estes, sai Balmond in an riga ni ɗaukar aikin yawo, nan take wasana ya daidaita. Waɗannan ko an sami ɗan jinkiri ba su fasa aikinsu.

Aiki biyu, jarumi uku ko huɗu, ya ishe ka. Wuraren biyar ne: layin zinare na maharbi, layin EXP na mayaƙi, layin tsakiya na mai sihiri, sai ɗan daji mai riƙe da Retribution, dabarar sauke dodannin daji, sai mai yawo, wanda yawanci tanki ne, wato jarumi mai jure duka, ko mai taimako. A Epic ake fara zaɓen jarumai bi da bi tare da toshe wasu, kuma a nan za ka ga ikon Allah: mutum uku kowa na nuna maharbi, kowa na baje alƙaluman nasararsa, ba mai niyyar janyewa. Wanda ya iya aikin yawo ba ya shiga wannan rigimar, domin ba mai ƙwace masa. Na san abin da za ka ce, wai tanki ba ya ɗaukar tawaga a kafaɗarsa. Ni ma haka na ɗauka. Amma a Epic yawancin tawagogi ko dai ba su da tanki sam, ko kuma wanda ya ɗauka dole aka yi masa yana wasa yana ƙunƙuni. Ranar da tawagarku ke da mai yawo na gaske, kun fara da rinjaye tun kafin a saki sojoji. Kada dai ka manta takalmin yawo, shi ke hana ka cinye wa abokinka kuɗin sojojin layinsa.

Lokacin zaɓe kuma ka daina danna WhatsApp, ka dubi abin da abokan gaba ke ɗauka. Sun ɗau Fanny? Khufra na dunƙulewa ya zama ƙwallo ya tare mata hanya. Sun ɗau Tigreal ko Atlas, masu tattara mutane wuri ɗaya su daskarar? Ultin Diggie, wato babbar dabararsa, na warware wannan. In an zo toshewa, toshe jarumin da kai ba ka san yadda ake maganinsa ba, ko da kuwa ba shi ake yayi ba.

Yanzu ga maganar taswira, wadda ita ce gundarin abin.

Matsalar ba rashin sani ba ce. Kowa ya san ana kallon taswira, kamar yadda kowane direba ya san ana kallon madubi. Ido ne bai saba ba, kuma ido ba ya sabawa da nasiha sai da horo. Ga yadda muka yi da ƙanena. Ƙananan sojoji suna fitowa duk bayan sakan 30. Sai ya zauna a bayana, duk sanda sabon ayari ya iso ya ɗan taɓa min kafaɗa, ni kuma dole in faɗi da baki mutum nawa na abokan gaba nake gani a taswira. "Uku." "Huɗu." "Biyu." In na ce biyu sai ya ce, "Ina sauran ukun?" In ban sani ba, to in ja baya zuwa inuwar hasumiya har sai sun bayyana. Kwana huɗu muka yi haka, har na fara jin haushin hannunsa. Da ya koma harkar karatunsa sai na yanko ɗan jan salatif na manna a gefen gilashi daidai kusurwar taswira, don ido ya riƙa fizguwa can. Bayan sati biyu na ɓare shi, ido ya riga ya koya.

Abin da kake nema a wannan leƙen ba wai ina suke ba ne kawai, wa ya ɓace. Mai sihirinsu ya share sojojin tsakiya ya ɓace? Ba gida ya tafi shan ruwa ba, yana hanyar layin zinare ko yana kwance a ciyawa. Eudora ba ta buƙatar komai a duniya illa ka wuce kusa da ciyawar da take ciki: ta daskarar da kai, ta sauke maka tsawa, kafin ka ɗaga yatsa sikirin ya yi toka-toka. Don haka in kai maharbi ne ko mai sihiri, duk ciyawar da ba ka ga cikinta ba ɗauka akwai mutum. Jefa dabara ciki daga nesa, ko ka bari tanki ya fara shiga. In kuma kai ne tankin, wannan aikinka ne, jikinka shi ne tocilan ɗin tawaga. Duk abokin gabar da idonka ya gani, ya fito a taswirar mutum huɗun da ke bayanka. Sau da yawa babban abin da nake yi a wasa shi ne in tsugunna a ciyawar bakin kogi ban taɓa kowa ba, ina dai nuna wa ɗan dajinmu inda nasu yake. Ba a ba da lambar yabo a kan wannan, amma shi ke hana a yi wa mutane kwanton ɓauna.

Bayan taswira sai agogo. Wasan nan yana da jadawali, kuma ɗan Epic yana yi kamar bai san da shi ba. Kunkuru, dodon da tawagar da ta kashe shi ke samun lada, na fitowa a minti 2, a ɓangaren layin EXP, kuma in an kashe shi wani na dawowa bayan minti 2. Hasumiyoyin waje suna da garkuwa har zuwa minti 5, wadda in kana dukanta kuɗi take zubo maka. Daga minti 8 Lord, babban dodon da ke taya tawagar da ta kashe shi rushe hasumiya, ke karɓar wurin Kunkuru (a ɗakinmu Maigida muke ce masa), a minti 12 kuma ya ƙara ƙarfi. Ba a fafe gora ranar tafiya: in sai ka ga sanarwar fitowar Kunkuru sannan ka taso, ka makara. Saura sakan 20 ya kamata a ce ka share sojojin layinka, jininka a cike, kana tsaye a ciyawar da ke kusa. Share sojojin nan kafin tafiya yana da dalili. Wanda bai share nasa ba dole ya zaɓa, ko ya zo faɗan Kunkuru hasumiyarsa ta sha duka, ko ya tsaya gadi ku yi faɗan biyar da huɗu.

In kuwa an riga an kashe muku mutum biyu, ku bar musu Kunkurun. Kada ku je ku uku ku ƙara musu da kawunanku a kan ribar da suka samu. Ku tsallaka ɗaya ɓangaren ku rushe hasumiya, ko ku kwashe dodannin dajinsu tun da duk sun tattaru a can. Ciniki ne, kowa ya tashi da wani abu.

Ga tambayar da ta fi kowace tsada a wasan: mun kashe musu mutum uku, sai me? A Epic amsar ita ce kowa ya watse. Ɗan daji ya koma kan dodonsa na shunayya, maharbi ya tafi gida sayayya, mayaƙi ya bi ragowar mutum ɗaya har ƙofar gidansu. Kafin a farga matattun sun tashi, ba a rushe ko bulo ɗaya ba. Kisa ba ya cin wasa. Abin da kisa ke saya maka shi ne 'yan sakanni da abokan gaba ba sa nan, kuma in ba ka kashe sakannin nan a kan hasumiya ko Lord ba, ka yi asararsu. Na sha ganin tawaga tana da kisa ninki biyu na abokan karawarta kuma a rushe mata gida. Da zarar faɗa ya ƙare, danna alamar kai hari a kan hasumiya mafi kusa, ka fara tafiya da kanka. Mutane sun fi bin wanda ya riga ya kama hanya a kan wanda ya tsaya yana rubutu.

A wurin Lord kuma, in kai tanki ne, ba dukansa aka kawo ka yi ba, dukanka ba ya rage masa komai. Matuƙar ɗan dajinsu na raye, zai iya faɗowa a sakan na ƙarshe ya sace da Retribution, duk wahalarku ta tashi a banza. Tsaya a hanyar da zai biyo ka tare shi. In kun samu Lord, kada ku taru a bayansa kamar masu rakiyar ango. Ku tura sojojin sauran layuka biyun su iso tare da shi, yadda masu tsaron gida za su rasa wanne za su tara.

Akwai wani wasa da har yau in na tuna sai na ji kunya. Muna Legend III, minti na 15, mun rushe musu hasumiyoyi har na cikin gida a layi biyu, su kuwa ko ta tsakiyarmu ta biyu ba su taɓa ba. Ina riƙe da Tigreal. Sai na hango uku daga cikinsu sun cure wuri ɗaya a bakin hasumiyar tsakiya, har da maharbinsu. Raina ya biya. Na soma ulti, na yi Flicker na dira a tsakiyarsu, na tattaro su ukun cif na daskarar. Wallahi ko a gasar duniya aka yi wannan sai an tafa. Sai na ji shiru. Ba harbi, ba tsawa, ba komai. Na leƙa taswira a makare: maharbinmu na can layin ƙasa yana share sojoji, mai sihirinmu ya koma gida cika jini. Sakan biyu suka farfaɗo suka yi min rubdugu. Abokaina kuma, maimakon su bar ni in mutu ni kaɗai, suka riƙa isowa ceto ɗaya bayan ɗaya, ana tsince su kamar kaza na tsintar dawa. A irin wannan lokacin wanda ya mutu sai ya yi kusan minti guda kafin ya tashi. Suka bi layin tsakiya suka rushe komai har gida muna kallo.

Na rubuta wa maharbin baƙar magana a ranar, Allah ya yafe min, alhali shi aikinsa yake yi. Tun daga nan na kafa wa kaina doka: kafin in afka, ba abokan gaba nake fara dubawa ba, nawa nake dubawa. Su wa za su iya isowa cikin sakan biyu? Hotunan abokanka da ke saman sikirin suna nuna wanda ultinsa ya nuna da wanda nasa bai dawo ba. In masu duka ba sa kusa, ko mutum biyar ka gani sun jeru kamar an shirya maka su, haɗiye kwaɗayinka ka wuce. Kuma in abokinka ya yi irin wautata ya faɗa shi kaɗai, kada ka bi shi. Gawa ɗaya ta fi biyu sauƙi.

Kayan yaƙi ba zan daɗe a kansu ba. Kuskuren shi ne mutum ya kwafi jerin kayan wani gwani ya riƙa sayensu a jere kowane wasa, ko da wa yake karawa. Buɗe allon maki ka ga wa ke kashe ku. In suna da Estes ko wani mai zuƙar jini, tanki ya sayi Dominance Ice da wuri, mai duka da makami ya sayi Sea Halberd, in ba haka ba kuna duka suna cikewa har ku gaji. In mai sihiri ne ke sauke ku da bugu ɗaya, Athena's Shield. In maharbi ne kai kuma makashinsu ya sa maka ido, Wind of Nature na ba ka sakan 2 da dukan makami ba ya kama ka, kuma sau da yawa sakan biyun nan su ne rayuwarka. In wasa ya yi tsawo, Immortality. Ka yi sayayyar lokacin da kake mace ko kana tafiya, ba a tsakiyar faɗa ba.

Saura zuciya, kuma a nan na fi kowa laifi. Ban taɓa ganin wanda aka zaga ya gyara wasansa ba. Abin da ke faruwa shi ne ya tsaya ramawa, kai ma ka tsaya, mutum biyu sun bar wasa sun koma buga tafireta. Yanzu da na ga an fara, sai in toshe rubutun mutumin in bar alamomi kawai: kai hari, ja da baya, a taru. Sun isa. In kuma aka ci ni sau biyu a jere, na ajiye ranki a daren, ko da raina na cewa ɗaya dai in rama. Wannan "ɗaya dai" ɗin ya taɓa sauke ni daga Epic I zuwa Epic III tsakanin isha'i da ƙarfe biyun dare, washegari na je shago ina gyangyaɗi a kan wayar mutane da ƙarfen lida a hannu.

Ka kuma san lokacin da kake danna neman wasa. Wasa ɗaya na cin minti 15, wani ya haura 20, ban da zaɓen jarumai. In saura minti 10 a kira salla, ko ka ji Hajiya na motsin neman wanda za ta aika, kada ka fara. Barin wasa a tsakiya na rage maka makin ɗa'a, in ya yi ƙasa sosai a hana ka ranki, ga kuma haƙƙin mutum huɗu da ka bari a rana. In da hali ka samu mutum ɗaya da kuka fahimci juna ku riƙa shiga tare. Mai yawo da ɗan daji in suna ɗaki ɗaya suna magana da baki, rabin aikin ya ƙare. Amma ɗaya nagari nake nufi. Tara abokai biyar don kawai unguwarku ɗaya, alhali uku a ciki duk maharba ne, hanyar ɓata zumunci ce.

Kallon gwanaye yana da amfani in ka san abin da kake kallo. Kamfanin Moonton ne ya fitar da gem ɗin a 2016, kuma cibiyarsa har yau kudu maso gabashin Asiya ce. EVOS Legends ta Indonesiya ce ta ɗau kofin duniya na farko, M1, a 2019, daga nan kuma tun daga M2 har M6 ta 2024 ƙungiyoyin Filifin ne suka yi ta ɗauka. Wasannin MPL, gasar ƙwararru ta ƙasashen biyu, ana nuna su a YouTube, kuma da yake Manila ta riga mu da awa 7, Jakarta da awa 6, wasan yammacinsu yakan faɗo mana da hantsi ko azahar, ina shago na jingina waya a jikin mita ina aiki ina leƙe. Da can kisa nake jira in gani. Yanzu mai yawonsu kawai nake bi da ido: ina yake tsaye kafin Kunkuru, wace ciyawa ya shiga, yaushe ya ƙi shiga faɗa. Nemi wasannin Blacklist International na M3 a 2021 ka ga yadda suke dunƙulewa wuri ɗaya mai warkarwa na tsakiyarsu, har sai da abokan karawa suka koma toshe musu Estes. Ba saurin yatsa ya ba su kofin ba, tafiya tare ce.

Amma maimaicin wasanka ya fi nasu amfani a gare ka. Ba duka za ka kalla ba. Je ka kan kowace mutuwa, ka koma baya sakan 15, ka dubi taswira kaɗai. Ni har ɗan littafin da nake rubuta kuɗin gyara na ware wa shafin baya: na bi mutum cikin daji, na shiga ciyawa ba gani, na afka ba kowa a bayana. Bayan sati guda sai na ga ashe ba kurakurai goma nake yi ba, guda biyu ne nake ta maimaitawa.

Kakar da ta wuce na tsaya a Mythic da 'yan taurarina, ko kusa da 25 ɗin da ake shiga Mythical Honor ban kai ba, balle 50 na Glory. Da aka buɗe sabuwar kaka aka sauko da ni Epic kamar kowa, sai ga ni a tsohuwar unguwa, maharba uku na faɗa a kan layin zinare. Wannan karon kwana tara na yi na fita. Shekaranjiya ƙanena ya sake zama a gefena, ya ga an kashe ni a bakin kogi ina tsaye ƙiƙam ban ko motsa ba. Ya ce, "Yaya, me ya faru?" Na ce taswira nake kallo. Ya yi dariya har da riƙe ciki, ya ce, "To ai leƙawa aka ce ka yi, ba a ce ka tare a can ba." Gobe zai dawo da hannunsa kan kafaɗata, wannan karon don ya riƙa tuna min in ɗauke ido.